Suna a Gindin Shafin Baya

Jaridar garin ba ta kowa ba ce, ta jama'a ce. Haka aka rubuta a saman shafin farko da haruffa masu kauri, kuma haka ake rubutawa tun ranar da ta fara fitowa, shekara hamsin ke nan. Ba ta taɓa fashin fitowa ba, ba ta taɓa durƙusa wa kowa ba. Duk mai shakka yana iya sayen kwafi ya karanta da idonsa.

Jama'ar da suka mallake ta mutum uku ne, uwa ɗaya uba ɗaya, kuma biyu daga cikinsu ba sa gaisawa sai a gaban baƙi. Akwai Yaya, babban ɗan marigayi Tsoho da ya kafa jaridar, wanda ya gaji ofishin uban da kujerarsa. Akwai Anti, wadda ta gaji makullai, ita ce manaja. Sai Auta, wadda ba ta taka ƙafa a ginin, amma ta ba da gudummawar miji. Mijin nan shi ne Edita. In ana neman wani abu a wurinsa Edita ake ce masa. In an ji haushinsa, mijin Auta.

Edita ya kusa tsira. Ƙarshen wata zai ajiye aiki ya koma kwalejin garin ya koyar da ɗa'ar aikin jarida, fannin da ya fi sani saboda ya daɗe yana kallonsa daga nesa. Shugaban kwalejin sharaɗi ɗaya ya gindaya masa, cewa ba sa ɗaukar mutumin da ke da shari'a a kotu. Edita ya yi dariya lokacin, domin bai taɓa shiga kotu ba ko a matsayin ɗan kallo. Har ya sayi sabon takalmi ya ajiye a ƙarƙashin teburinsa.

Dalilin da ya sa bai taɓa shiga kotu ba yana gindin shafin baya. Doka ta ce kowace jarida sai ta buga sunan mai wallafa ta, a san wanda za a kama in ta yi wa wani ƙazafi. Tsoho, kafin ya kafa jarida, akawun kotu ne, ya san alƙali ba ya ɓata lokaci a shafin farko, juya jarida yake yi ya duba ɗan layin nan na ƙasa. Saboda haka bai taɓa sa sunansa a wurin ba. Da farko telansa ya sa, daga baya wani ƙanin matarsa marar aikin yi, sannan direbansa. A gidan ana kiran abin zama a gindi. Mai zama a gindi yana samun sabuwar riga kowace shekara, in kuma jarida ta taɓa wani babba, shi ke zuwa ya tsaya gaban alƙali, wani lokacin ya kwana biyu a tsare. Direban ne ya fi kowa daɗewa. Da ya rasu ba a ga dalilin sauke shi ba, don aikinsa ma ya ƙara kyau. Ya daina tambayar riga, kuma masinjan kotu bai taɓa samunsa a gida ba.

Jaridar yamma ce. Dole injin buga ta ya tashi da azahar, masu talla su kwasa kafin a tashi daga ofisoshi. Ranar cika shekara hamsin an riga an ɗora wa inji duk farantan ƙarfe da ake buga shafuka da su, saura na shafin baya, wanda kullum shi ake bari ƙarshe saboda sakamakon wasanni. A tsakiya akwai tarihin jaridar, shafi huɗu, wanda Yaya ya rubuta da kansa, da hotonsa a kowane shafi.

Da hantsi wata mata ta hau benen ta shigo ofishin Edita ba tare da ta ƙwanƙwasa ba. Ya gane ta. Barista ce, 'yar mutumin da suka kafa jaridar tare da Tsoho. Uban nata shi ya kawo injin farko, Tsoho ya kawo baki. Bayan 'yan shekaru suka ɓata, aka cire sunan mai injin daga ko'ina, injin kuma ya zauna.

"Barista, sannu da zuwa. Ga kujera."

"Ba zama ya kawo ni ba, Malam Edita. Na ji yau za ku ce ubana ɓarawo ne."

"Wa ya gaya miki? Jaridar ba ta ma fito ba."

"A garin nan yaushe kuka taɓa riga mutane jin labari? Shafi na biyu na tarihin, sakin layi na uku. Wai ya saci takardar bugawa ya sayar, Tsoho ya sallame shi cikin mutunci."

Edita bai musa ba. Shi ya gyara wa sakin layin waƙafi.

Ta buɗe jaka ta fito da wata tsohuwar jarida da ta yi ja, ta shimfiɗa a kan teburinsa, ta buɗe shafi na biyar. Sanarwar rasuwar direban ce, da hotonsa, da ta'aziyyar hukumar jarida. Ta bari ya gani da kyau, sannan ta juya shafin baya ta ɗora yatsa a gindi. Sunan direban ne, mai bugawa da wallafawa.

"Rana ɗaya, jarida ɗaya," in ji ta. "Kun binne shi a shafi na biyar, kun tashe shi a na baya ya koma bakin aiki. In na ga sunan nan yau, kafin la'asar kotu ta sa wa injinku kwaɗo, takardun suna mota. In kun cire sakin layin, na tafi gida. In kuwa sai kun buga, to ku sa sunan mai rai, wanda zai iya tsayawa gaban alƙali ya maimaita maganar. Ina waje."

Ya leƙa ta taga ya ga ta tsallaka titi ta shiga motarta, ta sauke gilashi, ta gyara zama kamar mai jiran a tashi yara daga makaranta.

Ya haɗa Yaya da Anti a ofishin Tsoho, abin da ya ɗauke shi lokaci, domin kowannensu sai da ya tabbatar ɗayan ya riga shi shiga. Yaya yana cikin sababbin kayan biki, yana bitar jawabin da zai yi da yamma. Anti ta zauna nesa da shi, makullai a cinya. Edita ya faɗa musu yadda aka yi, ya ƙare da cewa maganin mai sauƙi ne.

"A cire sakin layin. Farantin shafi ɗaya ne za a sake, akwai lokaci."

"A'a," suka ce tare.

Suka kalli juna cikin mamaki. Tun ranar da aka binne Tsoho ba su taɓa yarda a kan abu ɗaya ba.

"Tarihi ba a yi masa aski," in ji Yaya.

"Bar batun tarihi," in ji Anti. "Edita, kai mai ilimi ne. In mutumin nan ba ɓarawo ba ne, mene ne? Abokin kafawa ne. In abokin kafawa ne, 'yarsa tana da rabin ginin nan, har da kujerar da kake kai. Sakin layin nan shi ne katangar gidanmu."

"To, Anti, akwai wata hujja cewa ya yi satar?"

"Baba ya faɗa."

"Ya faɗa sau da yawa," Yaya ya ƙara, yadda hujjar za ta yi ƙarfi.

Wayar tebur ta yi ƙara. Shugaban masu inji ne daga ƙasa, yana tambaya ko shafin baya ya yi ɓatan kai ne a hanya. Edita ya ce yana zuwa.

"To sai a sa suna," ya ce. "Na mai rai."

Yaya ya gyara wuyan rigarsa. "Dama abin da ya dace ke nan tun tuni. Ni ne babba. A sa sunana." Ya ɗan yi tari. "Daga gobe."

"Ko jibi ba za a sa ba," in ji Anti. "Ka ga mahaukaciya? Ranar da sunanka ya hau layin nan, washegari ka kai shi kotun gado ka ce ga shaida jarida taka ce."

"To ke ki sa naki mana, mai ƙarfin hali."

"Za ka yarda?"

"Allah ya kiyaye."

"Ni ma ban ce ina so ba. Ina da hawan jini."

 Agogon bangon Tsoho, wanda aka daina gyarawa don girmamawa, yana nuna lokacin da ya ga dama. Edita ya duba na hannunsa.

"Akwai Auta," in ji Yaya a hankali, yana kallon silin.

"Babu Auta," in ji Edita, da ƙarfin da bai yi niyya ba.

"Ji mijin Auta," in ji Anti. "Wa ya ce za a taɓa maka ita?" Ta kaɗa makullan. Sai fuskarta ta washe. "Mu ma da neman wahala. Ya Babanmu yake yi? A kira Baba Maigadi."

Aka aika. Sai da aka daɗe ana jin hawansa a matakala, taku ɗaya, hutu ɗaya, kafin ya bayyana a bakin ƙofa yana haki, hannu a kan gwiwa. Dattijo ne mai gadin ƙofar ginin, wanda ya zo gidan tun ana ɗaure jarida da igiya. Bai iya karatu ba, amma kullum sai ya karɓi kwafinsa ya naɗe ya sa a aljihu.

"Baba," in ji Yaya da muryar jawabi, "hukumar jarida ta duba daɗewarka da amanarka, ta ga ya dace a ɗaukaka ka. Daga yau sunanka zai riƙa fitowa a jarida kullum."

"Nawa, ranka ya daɗe?"

"Naka. Da sabuwar riga duk shekara."

"Irin ta marigayi direba?"

"Wadda ta fi ta."

Baba Maigadi ya yi yunƙurin durƙusawa, gwiwar ta ƙi, sai ya yi godiyar a tsaye, ya yi wa Tsoho addu'a, ya yi wa zuriyarsa, har da Edita a matsayin suruki. Edita ya buɗe baki. Ya tuna takalmin da ke ƙarƙashin teburinsa, ya rufe. Yaya ya koma kan jawabinsa, Anti ta tashi, taro ya watse ba tare da an yi sallama ba.

A matakala wayarsa ta yi ƙara. Auta ce. Labari ya riga ya isa gida, ta bakin wa bai sani ba.

"Baban yara, na ji abin da ake ciki. Don Allah kada ka tsoma baki."

"Ban tsoma ba."

"Na san ka. Sai ka yi shiru shekara ashirin, ranar da bai kamata ba ka yi magana. Saura maka kwana nawa? Ka bar su da halinsu. Haka Babanmu ya yi, ba wanda ya mutu."

"Direba ya mutu."

"Tsufa ne ya kashe shi. Ka ji ni ko?"

"Na ji."

Ɗakin tsara shafuka yana ƙasa, jikin ɗakin inji, bango ɗaya ya raba su. Mai tsara shafi yana zaune gaban kwamfuta, shafin baya a buɗe, ya riga ya goge sunan direban. Wurin ya zama fari, ɗan layi siriri ƙarƙashin sakamakon ƙwallo. Shugaban masu inji ya leƙo, hannuwansa baƙi ƙirin da tawada.

"Edita, masu talla sun fara taruwa. In azahar ta wuce ban ɗora farantin nan ba, ku fito ku yi musu bayani da kanku."

"Yanzu." Ya juya ga mai tsara shafi. "Sa sunan Baba Maigadi."

Mai tsara shafi ya ɗora yatsu a kan maɓallai ya tsaya. "Yallaɓai, mene ne sunansa?"

Edita ya yi tsaye. Ya tambayi shugaban masu inji, ya ce shi dai Baba ya sani. Aka buga wa Anti, ta ce a takardar albashi Maigadi aka rubuta, kuma yana dangwala yatsa ne. Aka buga wa Yaya, ya ce kada a dame shi da ƙananan abubuwa. Jaridar da ta san sunan kowane ɓarawon akuya a garin ba ta san sunan mutumin da ke buɗe mata ƙofa ba. Dole Edita ya fita da kansa da biro da 'yar takarda.

A bakin ƙofa masu talla sun jingina kekuna da babura, suna ta surutu. Can tsallaken titi motar Barista tana nan, gilashi a sauke. Baba Maigadi yana kan bencinsa, ya riga ya ba kowa labari. Da ya ji abin da ake nema sai ya miƙe zaune sosai, ya faɗi sunansa da na ubansa da na kakansa, ya ce a sa duka in akwai wuri. Edita ya rubuta.

"Yallaɓai, in tambaye ka mana," ya rage murya. "Shi wannan aikin, a zaune ake yinsa ko a tsaye? Saboda gwiwar nan. In na daɗe a tsaye sai ta kumbura, in na zauna a siminti kuma sai an ɗaga ni."

Edita ya san amsar. Ya taɓa zuwa ɗauko direban bayan wani zama da ya yi a tsare, shekarun baya, lokacin da jarida ta ce wani ɗan kwangila ya cinye gada. Direban ya fito yana tafiya kamar mai koyon tafiya, kuma Edita ne ya tuƙa motar zuwa gida, direban yana baya a kwance. A lokacin direban bai kai shekarun Baba Maigadi na yanzu ba.

"Wani lokaci a tsaye," ya ce. "Wani lokaci a siminti."

"To, ba komai," in ji Baba Maigadi, bayan ya ɗan yi tunani. "Rigar dai a yi ta da aljihu babba."

Edita ya koma ciki. Shugaban masu inji yana tsaye a ƙofa yana buga ƙafa. Mai tsara shafi ya miƙo hannu don ya karɓi takardar, Edita bai ba shi ba. Ya ce ya matsa. Ya zauna a kujerar, ya dubi farin layin, ya dubi takardar hannunsa. Sunan Baba da na ubansa da na kakansa ba za su shiga layi ɗaya ba, sai an rage haruffa, sai an matsa sakamakon ƙwallo sama, kuma lokaci ya ƙure. Wannan ne dalilin da ya ba kansa, kuma dalili ne na aiki wanda kowane edita zai fahimta. Ya buga nasa sunan. Gajere ne, ya zauna daidai.

"Yallaɓai..." in ji mai tsara shafi.

"Tura."

Bayan ɗan lokaci bene ya fara rawa yadda yake yi kullum in inji ya tashi. Edita bai hau sama ba. Ya tsaya a farfajiya har ɗaurin farko ya fito da ɗuminsa, masu talla suka yi caa a kai. Barista ta fito daga mota ta tare mai tallan farko da ya fita, ta saya. Ba ta kalli shafin farko ba. Ta buɗe tsakiya ta karanta, ta juya baya ta duba gindi, ta daɗe tana dubawa. Sannan ta tsallako.

"Malam Edita, ba kai nake nema ba."

"Ba a taɓa neman wanda ke layin nan ba, Barista. Don haka aka yi shi."

"Ka san ba zan fasa ba. Ubana ne."

"Na sani."

Ta naɗe jaridar ta koma mota.

Da yamma aka yi biki a farfajiya, aka jera kujerun haya, manyan gari suka zo. Yaya ya yi jawabi mai tsawo, ya ce jaridar nan ba ta kowa ba ce, ta jama'a ce, ba ta taɓa fashi ba, ba ta taɓa jin tsoron faɗin gaskiya ba, aka yi tafi. Anti ce ta fara lura da gindin shafin. Ta zo ta tsaya kusa da Edita tana murmushi saboda baƙi.

"Mijin Auta, ashe kai ma kana da buri. To ka sani, zama a gindi ba ya sa a ci gado."

"Na sani, Anti."

"Rigar kuma sai ƙarshen shekara."

 A gida Auta ta ajiye masa abinci, ta rufe, ta shiga ɗaki.

Washegari da safe ya iso ofis, Baba Maigadi bai amsa gaisuwarsa ba. Wani mai talla ya karanta masa layin, ya gane an yi masa ƙwace, kuma wanda ya yi ƙwacen mutum ne mai albashi da mota. Yana zaune ya juya fuska, sai ga masinjan kotu a kan babur, da jaka a rataye, yana tambayar mai jarida.

"Ga shi nan," in ji Baba, ya nuna da haɓa. "Shi ne mai son suna."

Masinjan ya ciro sammacin ya miƙa. Edita ya karanta ranar da aka sa, ta faɗo mako guda kafin ranar da zai fara koyarwa. Ya laluba aljihu bai sami biro ba, ya ari na masinjan, ya dafa takardar a jikin bango ya sa hannu. Ya mayar da biron ya yi godiya. Sannan ya hau bene ya buga wa shugaban kwaleji waya da kansa, tun kafin labarin ya riga shi, ya tura kwalin takalmin can ciki da ƙafa, ya jawo shafukan ranar ya fara gyara.